Tekun da ke ƙarƙashin Akokan

Har yau da furfura ta rufe mini kai ban taɓa ganin teku da idona ba, amma na yi shekara huɗu ina ba da labarinsa kamar a bakinsa aka yanke mini cibiya. Ba ni na ƙirƙiro shi ba. Mijina na farko ne ya fara, ni kuma na karɓa daga hannunsa, na yi ta yi masa ƙari har ya fi ƙarfina.

Daga Damagaram aka kai ni Akokan ina amarya. Shi a lokacin yana cikin masu shiga ƙarƙashin ƙasa su fasa dutsen uraniyum, aikin rami muke ce masa. Kamfani ya ba mu gida mai ɗaki biyu, da famfo a tsakar gida, da lantarki, abin da ko a gidan mai garinmu babu. Na hura hanci, ba zan ɓoye ba. Idan na je ganin gida sai in riƙa yatsina fuska a kan ruwan rijiyar da na girma da shi, ƙannena suna harara ta.

Aikin nasu juyi ne: wannan mako safe, mai zuwa yamma, na bayansa dare. A can ƙasa kuwa babu rana babu wata, sai fitilar da ke goshin hular kwano. Wannan juyin ya ɓata masa lissafin lokaci sarai. Sai ya farka da rana tsaka ya tambaye ni ko an kira asuba. Akwai ranar da na same shi da hantsi ya yi raka'a uku ya sallame, ya zauna yana jiran in kawo tuwo. Na yi dariya har na zube a ƙasa. Shi kuwa ya haɗe rai, ya ce in je in gwada awa takwas a ramin, a ga ko zan fito da sunana a bakina.

Ƴarmu ta fari, wadda ita kaɗai Allah ya bar mana, ita ce ta matsa masa da tambaya tun tana ƴar shekara huɗu. Me ya sa Baba ba ya sanin safe da yamma? Wani mai duba duwatsu a wurin aikinsu ya taɓa gaya musu cewa duk wannan hamadar a da can ruwa ne ya rufe ta. Sai mijina ya ɗauki wannan ya ɗora nasa a kai. Ya ce mata ruwan bai ƙafe ba, nutsewa ya yi, yana nan a ƙarƙashin raminsu, bayan wata ƙofa da ba kowa ke dacewa da ita ba. Ruwa ne kore mai haske da kansa, a bakinsa kana iya saka zare a allura ba fitila. Babu kifi a ciki. Lokaci kuma a wurin nauyi gare shi, da ƙyar yake ɗaga ƙafa kamar jaki a cikin rairayi, mutum ya zauna ya sha shayi kofi ɗaya ya fito ya tarar har an yi girbi a kudu. Ya ce shi leƙe kawai yake yi daga nesa, shi ya sa yake dawowa kansa a juye.

Yarinyar da ko gulbi ba ta taɓa gani ba, ruwan sama ma ana iya ƙirga mata shi da yatsu, ta riƙe wannan labari da hannu biyu. Wata rana muna cikin mota ya nuna mata manyan kududdufan da ke bayan masana'anta, inda ake zuba ruwan da aka wanke dutse da shi. Launinsu ba na ruwan Allah ba ne, ko tsuntsu ba ya sauka a kansu. Ya ce mata wannan yoyon tekun ne kawai. Na ce masa ya daina cika wa yarinya kai da shirme, amma ina faɗa ina dariya.

Sai kasuwar dutsen ta faɗi. Mu mata ba mu gane yadda abin da ake tonowa a ƙarƙashin ƙafarmu zai yi araha a wata ƙasa mai nisa har ya fitar da mu daga gida ba. Abin da muka gani shi ne takarda da aka liƙa a bango da sunaye a jere, nasa na ciki. Gidan kamfani na ma'aikaci ne, asibitin kamfani ma haka. Muka kwashe kayanmu a amalanke muka koma Bukoki a Arlit, ɗakin laka guda mai rufin tano, gangar ƙarfe da aka buɗe aka baje. Ni da na raina ruwan rijiya, ga ni a layin famfon unguwa da bido biyu, jarkokin ɗiban ruwa, ana cacar baki a kan wa ta riga wa.

Cikin shekarun nan ne kuma fari ya kama. Makiyaya suka gangaro daga wajen Gugaram da abin da ya saura na awakinsu, suka kafa tantuna a gefen gari, matan da a da suke kawo mana cuku suka koma neman wankau. Hatsin kudu ya yi tsada. Kan wannan sai tawaye ya ɓarke. Hanyar Agadas ta zama ba a binta sai cikin ayari, sojoji gaba sojoji baya, a ranar da suka ga dama.

Mijina ba mutum ne mai iya zama ba. Ya kama zuwa Agadas yana saro albasa da dankali. Wani zuwa aka ɗage ayarin sau biyu, ya yi kwana goma sha yana zaune a ƙofar ɗaki. Sai wani mai ƙaramar mota ya ce ya san hanyar daji, zai tashi da mutum shida. Ina so in ce na hana shi, amma ban hana shi ba. Gaskiya ma, a safiyar da ta gabata na yi masa gorin zama, na ce gara ma lokacin da ba ya sanin safe da yamma, aƙalla ana ɗora tukunya. Washegari ya shiga motar.

Ba su isa Agadas ba. Ba a ga motar ba, ba a ga gawa ba, ko takalmi ba a tsinta ba. Wasu suka ce ƴan tawaye, wasu suka ce an ɗauke su a matsayin ƴan tawayen ne aka buɗe musu wuta, wasu suka ce nakiya, wasu suka ce ɓata suka yi ƙishirwa ta gama da su. Kowa da nasa, kuma kowa faɗa yake kamar a gabansa aka yi. Na je wurin jandarma har suka san ni, suka rubuta, suka ce in an ji wani abu za a neme ni.

A mako na uku yarinyar ta daina cin abinci. Shekararta biyar. Tana zama a inda yake zama a ƙofar ɗaki, in na ba ta fura ta kau da kai. Ga shi ba mu da asibitin da za mu je. Na ga wuyanta yana sirancewa a gabana, tsoro ya kama ni irin wanda ban taɓa ji ba, domin na riga na binne biyu. Na durƙusa na ce mata, “Baba ya sami ƙofar.”

Ta dube ni. Na ce hanyar dajin ta bi da su ta bakin tekun, ya zauna ya huta, shi a ganinsa yanzun nan ya isa. Ta tambaye ni ko da mutane a can. Na ce akwai. Ta ce suna ba shi abinci? Na ce har da nama. Sai ta miƙa hannu ta ɗauki furar. Na shiga ɗaki na toshe bakina da zane don kada ta ji ni.

Da ƙaramar salla ta zo, ina ɗaura mata ɗankwali, ta ce, “Inna, yanzu Baba ya kwana nawa a can?” Ban yi tunani ba na ce ɗaya. Shi ke nan doka ta kafu. Daga ƙaramar salla zuwa ta baɗi, kwana ɗaya. Ba ni na zauna na tsara ba, bakina ne ya riga ni.

Daga nan kullum sai ta nemi ƙari, ni kuma in ba ta. Na sa wa tekun jiragen kwalekwale, ni da ban san yadda ake tuƙa su ba. Na sa masa mai shayi ɗan tsoho wanda ba ya karɓar kuɗi, da mata masu wanki waɗanda zannuwansu ke haske idan sun shanya, da tsuntsu guda wanda in ya ɗaga fiffike sai an yi azumi kafin ya sauke. Na ce mata idan ta ji ƙarar fasa dutse daga wajen rami, ƙasa ta girgiza, kwanuka suka yi kuka a kan kanta, to igiyar ruwan ce ta bugi gaɓa. Abin kunyar shi ne ni ma wurin nake hutawa. Idan na gama tuyar ƙosan da ba a saye ba, na zauna ina ba ta labari, sai in gan shi zaune da rigarsa mai ruwan ƙasa, ba ƙishirwa, ba ƙuda, bai ma kai ga tuna maganar da na gaya masa ba.

Maƙwabciyata, wata Kirista ƴar Maraɗi mai sayar da kayan miya, ita kaɗai ta yi mini magana. Muna dawowa daga famfo ta ce, “Ƙawata, wannan abin da kike gina wa yarinyar nan, ranar rushe shi fa? Ki gaya mata ba mu sani ba, tun tana ƙarama.” Na ajiye bido na wanke ta tas. Na ce ta ji da majami'arta ta bar mini ƴata, ita ba ta taɓa ganin ɗanta yana ƙin abinci ba. Ba ta rama ba. Da yamma ma sai ga ɗanta da kwanon miya.

Yarinyar ta shiga lakwal, makarantar boko, ta fi kowa iya lissafi. Duk ƙaramar salla tana jan layi ɗaya da gawayi a bayan ƙofa. Wata ƴar ajinsu ta kira ta marainiya, ta cije ta a kafaɗa har jini, mushensu, malamin ajin, ya kira ni. Na je na ba da haƙuri, amma a zuciyata daɗi na ji, Allah ya yafe mini.

Ni kuma ina nawa lissafin. Duk matan layin famfo sun san hukuncin matar wanda ya ɓace: shekara huɗu za ta jira, sannan ta yi takaba, ta fita. Haka kowa ke faɗa, tsofaffi da yara, har da matar wani malami. Na riƙe wannan. Ban je wurin kowa ba, don me zan je tun lokaci bai yi ba? Kunya ma ba za ta bar ni ba, a ce miji bai shekara da ɓata ba matarsa ta fara zirga-zirga gidan alƙali. Na zauna na jira kamar yadda ake cewa macen kirki tana yi.

A shekara ta uku wani maƙerin tukwane ɗan Tawa, wanda rumfarsa ke kusa da inda nake tuya, ya yi mini magana. Matarsa ta rasu. Mutum ne mai ƙunar wuta a hannuwa da ƙarancin magana. Ya ce, “Na san matsayinki. Ba ni gaugawa. In lokaci ya cika, ina so in amre ki, ɗiyarki ɗiyata ce.” Mutane suna so in ce yunwa ce ta sa na saurare shi. Yunwa tana ciki, amma ba ita kaɗai ba ce. Shekarata ba ta kai talatin ba. Na gaji da zama ba matar aure ba, ba bazawara ba, ba mai takaba ba, in an yi biki ban san sahun da zan zauna ba. Ina son namiji a gida, mai tari, mai tambayar ina butarsa. Na so shi, na faɗa.

Da layi na huɗu ya hau bayan ƙofa, na yi wanka na sa mayafina mai kyau na tafi wurin alƙalin da ke duba sha'anin aure. Tsoho ne mai haƙuri, ya bar ni na yi bayani tun daga farko. Da na gama sai ya ce, “Ƴata, yaushe kika kawo ƙara?”

Na ce, “Allah gafarta malam, yau.”

Ya ce, “To yau za a fara ƙirga shekara huɗun.”

Na ɗauka ban ji daidai ba. Ya sake faɗa a hankali. Ba daga ranar da mutum ya ɓace ake ƙirgawa ba, daga ranar da matarsa ta kai magana gaban alƙali ne, a bincika a rasa. Ya ce da wani ya gan shi a tsakiyar faɗa da idonsa, da hukuncin daban ne, amma babu wanda ya gani. Na ce shekara huɗun da na yi fa? Ya ce Allah zai ba ni ladar haƙuri. Ban san lokacin da na ɗaga murya ba. Na ce ashe da na yi rashin kunya tun watan farko da yanzu na fita, kunyar ce ta ci ni. Mutanen da ke zaure suka sunkuyar da kai.

Ya bari na huce, sannan ya ce akwai wata hanyar. Idan babu abin da mijin ya bari da ake ciyar da ni daga ciki, kuma bai aiko ba, in kawo shaidu biyu in rantse. Za a ba da ɗan wa'adi, sannan ya raba auren saboda rashin ci da sha, in yi idda irin ta saki. Ya ce, “Amma ki sani, wannan ba hukuncin mutuwa ba ne. Ba takaba, ba zaman makoki, ba sadakar uku ko ta arba'in. A takarda, mutum ne mai rai da ya bar iyalinsa ba abinci.”

Na yi kwana tara ina juya maganar. Mutumin da neman abincin namu ne ya fitar da shi, wanda ni na tunzura, shi za a rubuta wa haka. Ko kuwa in ƙara huɗu a kan huɗu, da wata huɗu da kwana goma, in ce wa maƙerin ya ci gaba da jira, alhali har an fara yi masa tayin wata mace. Garin kuma kullum ƙara mutuwa yake, rabin masu sayen ƙosaina sun koma kudu. A rana ta goma na tafi neman shaidu.

Mai gidan da muke haya ya yarda nan take. Na biyun abokin aikin mijina ne na rami, wanda suka yi shekaru suna sauka tare, a lokacin tari ya riga ya cinye shi. Na same shi kwance a kan tabarma. Ya saurare ni, ya ce, “Zan shaida bai aiko ba, don bai aiko ba. Amma kada a tambaye ni ko ya gudu ya bar ku, don zan ce ƙarya ne a gaban kowa.” Na ce ba za a tambaye shi ba. Ya juya fuskarsa bango, ya ce in turo amalanke ranar, ba ya iya tafiya da ƙafa.

Na yi alwala na rantse. Babu ƙarya a cikin abin da na faɗa, rabin buhun geron da ya bari tun watan farko muka cinye. Da wa'adin ya cika aka ba ni takarda, na naɗe ta na cusa a ƙasan akwati.

Saura yarinyar. Shekararta tara a lokacin. Na rasa ta inda zan fara, sai na zaɓi ranar kitso, don tana zaune tsakanin ƙafafuna ta ba ni baya, ba sai na dubi idonta ba. Ranar Lahadi ce bayan la'asar. Na tsefe mata, na shafa mai, na yi rabin kai, sannan na ce mata alƙali ya raba aurena da babanta, kuma bayan wata uku zan auri maƙerin tukwane.

Ba ta motsa ba. Ta ce, “In ya dawo fa?”

Na ce, “Ba zai dawo ba. Babu wani teku. Labari ne ya yi miki kina ƙarama, ni kuma na ci gaba don ki ci abinci.”

“To ina yake?”

“Ban sani ba.”

“Ya mutu?”

Na buɗe baki in ce e, sai na tuna takardar da ke cikin akwati, wadda na rantse a kanta. Ko wannan ba ni da ikon faɗa. Na ce, “Ban sani ba.”

“Tunda ba ki sani ba, yaya aka yi kika san ba ya can?”

Hannuna na cikin gashinta, ina jin zafin kanta a yatsuna. Na ce mata shekara huɗu ba wasa ba ce, na yi iya yina, in ta girma za ta gane. Sai ta juyo, abin da na yi ta gudu, ta dube ni ba hawaye ko ɗigo.

Ta ce, “Kwana huɗu ne, Inna. Ko guzurin da kika ƙulla masa bai cinye ba.”

Ta zare kanta daga hannuna, ta ɗauki matsefin da kwalbar man, ta fita da rabin kai a tsefe. Ta katanga ina jin ta tana yi wa maƙwabciyata sallama, tana roƙonta ta ƙarasa mata. Na zauna da tsinken tsaga a hannu har aka kira magariba.

Na yi auren, maƙerin ya riƙe mu da mutunci har ya koma ga Allah. Ita ma ba ta taɓa yi mini rashin kunya ba, tana gaishe ni, tana zuwa mini aike, yanzu ma ita ke ɗauke da ni. Amma tun daga ranar ban sake taɓa kanta ba. Ko kitson aurenta, a ɗakin wata aka yi.